Me talakan Rumawa yake ci, ina yake kwana, kuma ta yaya aka sani?

Wani ɗalibi ya turo wannan tambayar: "Malam ina sha'awar tarihin Rumawan da, amma duk abin da na buɗe sai sarakuna da yaƙi, wane ya kashe wane ya hau mulki. Ni so nake in san me talakansu yake ci, ina yake kwana, nawa yake samu a rana. Wai ana iya sanin wannan da gaske ko duk ƙirƙirar 'yan fim ce? Kuma dole sai na koyi Latin?"

Toh ɗan'uwa ana iya sani, sosai ma kuwa, matsalar dai ita ce inda kake nema. Littattafan tarihin da Rumawa suka bari manyan mutane ne suka rubuta su don manya 'yan'uwansu su karanta, shi kuwa talaka labarinsa yana cikin juji da jikin bango da kabari da kwata, sai an tona ake samunsa. Amma tukuna bari mu daidaita zamani kar mu yi ta cakuɗa abubuwa.

Mu in aka ce Rum abin da ke fara zuwa mana a rai shi ne Suratur Rum da Hirƙal, sarkin da Manzon Allah (SAW) ya aika wa wasiƙa. Su ma Rumawa ne, haka suke kiran kansu, amma su ne na baya-baya, Kiristoci ne, yawanci Girkanci suke yi, babban birninsu Kustantiniya wato Istanbul ta yau. Hirƙal ya yi mulki daga 610 zuwa 641, daular kuma ta kai har 1453 kafin Sultan Muhammad Alfatih ya ci birnin. Waɗanda kake tambaya a kansu sun riga waɗannan da ɗaruruwan shekaru, masu bautar gumaka ne, Latin suke yi, cibiyarsu birnin Roma a Italiya. Shekarun da za ka riƙe ba su da yawa. Su da bakinsu sun ce an kafa birnin a 753 kafin Miladiyya. Wajen 509 kafin Miladiyya suka kori sarki suka koma jamhuriya, ana zaɓen shugabanni biyu duk shekara. An caccaka wa Yuliyas Kaisar wuƙaƙe a 44 kafin Miladiyya, magajinsa Agustus ya tattare mulki a hannunsa daga 27 kafin Miladiyya, daga nan aka shiga zamanin sarakuna har ɓangaren yamma ya ruguje a 476 Miladiyya. Ka lissafa da kanka, sama da shekara 1,200 ke nan. Saboda haka duk wanda ya ce maka Rumawa abu kaza suke ci ko abu kaza suke yi wa matansu, ka tambaye shi na yaushe, kuma na wane gari. Yawancin abin da aka sani na rayuwar yau da kullum daga ƙarni na ɗaya kafin Miladiyya ne zuwa na uku bayanta, ni ma a nan zan tsaya.

Yanzu dubi su waye marubutan. Tacitus sanata ne, har kujerar konsul, wato ɗaya daga cikin shugabannin nan biyu, ya riƙe a shekara ta 97. Suetonius sakataren sarki Hadrian ne, shi ya sa ya fi kowa gulmar fada. Cicero lauya ne ɗan siyasa mai gidajen haya. A zamanin Agustus kafin ka zauna a majalisar dattawa sai dukiyarka ta kai miliyan 1 na kuɗinsu da ake kira sestas, alhali sojan ƙasa albashinsa na shekara guda sestas 900 ne. Toh mutumin da ya mallaki albashin soja na shekara dubu da ɗoriya me zai rubuta maka a kan mai tallan albasa? In ka ga ya ambaci talaka to ko bore aka yi ko ba'a yake masa. Akwai wata wasiƙa da Cicero ya rubuta wa amininsa Atticus a 44 kafin Miladiyya, yana ba shi labarin shagunansa biyu na haya sun rushe, sauran duk sun tsattsage, 'yan haya sun gudu, har ɓeraye ma sun yi ƙaura in ji shi. Raha yake yi abinsa, nan take kuma ya wuce zancen yadda zai sake gini ya juya asarar ta zama riba. Ko sau ɗaya bai ce wani ya ji rauni ko ina mutanen suka koma ba. Amma ka ga abin da kai ka tsinta ba da niyyarsa ba, cewa manyan 'yan siyasa da kuɗin haya suke ci, ginin ba shi da inganci, kuma ɗan haya ba shi da wanda zai kai wa kuka. Haka ake karanta waɗannan mutane, abin da ya suɓuce musu a gefe ya fi abin da suka zauna faɗa amfani.

Wurin da zan ce ka fara shi ne Pompeii, matsakaicin gari ne kusa da Naples ta yau. A 79 Miladiyya dutsen Vesuvius ya yi aman wuta ya binne shi tare da maƙwabcinsa Herculaneum, aka manta da su har ƙarni na 18, tonon Pompeii a 1748 aka fara shi. Ga mutanen garin bala'i ne, amma ga mai nazari ba kamarsa, don gari ne da aka tsayar yana tsakiyar hidimarsa. A wani gidan burodi da ake kira na Modestus an buɗe tanda aka tarar da burodi 81 a ciki duk sun zama gawayi, kowanne zagayayye an tsaga samansa gida takwas yadda za a riƙa ɓallewa da hannu. A Herculaneum an samu wani da hatimi a jikinsa ɗauke da sunan Celer, bawan Quintus Granius Verus. Gidajen burodi a Pompeii sun haura 30, in ka duba hotunansu za ka ga dogayen duwatsun niƙa waɗanda jaki ke zagayawa yana juyawa. A 2023 masu tono suka sanar da wani gidan burodi da ya fi kama da kurkuku, ɗaki ne matsattse, 'yan tagogi can sama an gitta musu sandunan ƙarfe, ƙofar fita ɗaya ce tak kuma ta tsakar gidan maigida take bi, a daɓen ƙasa an sassaƙa layin da jakan za su riƙa bi. Bayi da jakai wuri ɗaya suke wuni suna niƙa. Ba marubucin tarihin da ya tsaya ya ba ka labarin wannan ɗakin, ɗakin ne ya ba da labarin kansa.

Talakan gari ba lallai yana da kicin ba, ɗaki ɗaya ne ko soron saman shago, don haka cin abinci a waje nasa ne, mai kuɗi shi ke ci a gida. Kusan kowane layi akwai shagon abinci mai kanta ta bulo da aka binne manyan tukwane a cikinta. Wanda aka gama tonowa a 2020 an samu ragowar agwagwa da alade da akuya da kifi da dodon koɗi a tukwanensa, a jikin kantar kuma an zana zakara da agwagi biyu a rataye, hoton har yanzu launinsa tar. Sai wani abu da suke kira garum, ana tara ƙananan kifaye da hanjin kifi a zuba gishiri a bari a rana na tsawon watanni har ya narke ya tsatso ruwa. In aka faɗa maka sai ka yamutsa fuska, amma ai daddawarsu ce, wari a wajen yi, daɗi a cikin miya, kuma ba gidan da ba ta shiga. Wani attajirin Pompeii mai suna Umbricius Scaurus da ita ya yi arziki, har ya sa aka zana tulunan hajarsa a daɓen gidansa don duk baƙon da ya shigo ya gani.

In kana son sanin abin da ya shiga ciki da gaske, ba abin da ake fariya da shi ba, toh sai kwata. A Herculaneum an kwashe abin da ke cikin wata babbar kwata da ke ƙarƙashin gidajen haya da shaguna, aka tace aka duba. Mutanen da ke zaune a wurin ba attajirai ba ne amma an ga ɓaure, inabi, zaitun, ƙwai, kifi iri-iri, kayan teku, har da ƙwayoyin masoron Indiya. Wato ɗan shago a bakin tekun Italiya yana barbaɗa kayan yajin da ya taso tun daga Indiya ya bi ta Bahar Maliya ya ratsa Masar.

Sai bango, wanda ni shi na fi so. Mutanen Pompeii ba sa iya ganin farin bango su ƙyale. Akwai tallan 'yan takara da jan fenti, dubbai, ku zaɓi wane mutumin kirki ne, masu burodi suna goyon bayan wane, masu wanki suna tare da wane. Har mata masu aiki a mashayar wata Asellina sun sa sunansu suna wa ɗan takara kamfen duk da mace ba ta jefa ƙuri'a. Akwai na yarfe ma, wani ya rubuta wai ƙananan ɓarayi suna roƙon a zaɓi Vatia. A wata mashaya an rubuta farashi da sunan wata Hedone, giyar inabi ta as 1, mai ɗan kyau as 2, ta manya wadda ake kira Falernian as 4. As ƙaramin kuɗin tagulla ne, guda 4 ke yin sestas, guda 16 ke yin dinariyus. Soja kuwa kusan as 10 yake samu a rana, kuma daga ciki ake cire masa kuɗin abinci da tufafi, ka ga yanzu ka samu ma'auni. Akwai kuma wani da ya riƙa rubuta cefanensa na kwanaki a jere a jikin bango, burodi, cuku, mai, giya, albasa, gobe ma burodi, jibi ma burodi, sannan ga layi daban na burodin bawa da ɗan kuɗi kaɗan. Rubutun ya yi yawa har wani ya gaji ya rubuta cewa yana mamakin bangon da bai faɗi ba saboda nauyin shirmen da ake ɗora masa.

Bango har gyara wa littafi zance yake yi. Wani marubuci mai suna Pliny ƙarami ya ga aman wutar Vesuvius da idonsa daga tsallaken ruwa, kawunsa ma a ciki ya rasu, kuma kwafe-kwafen wasiƙarsa da suka iso mana yawanci 24 ga Agusta suka ce. Shekara da shekaru haka ake koyarwa, sai dai masu tono sun daɗe suna ƙorafi don suna ganin 'ya'yan itatuwan kaka irin su rumman. A 2018 aka samu wani rubutun gawayi a wani gida da ake cikin gyaransa, ɗauke da ranar da ta yi daidai da 17 ga Oktoba. Ba a sa shekara ba, amma gawayi ba ya daɗewa a bango, don haka masana da yawa suka koma ga Oktoba, wasu kuma suna nan kan bakansu na Agusta. Ni wannan gardamar ta fi min haddar sunayen sarakuna goma amfani ga ɗalibi, don a nan zai ga yadda ake auna hujja da hujja.

Sai dai ka yi hattara, Pompeii gari ɗaya ne, a Italiya, a shekara ɗaya. Kar ka ɗauke shi ka shafa wa Masar ko Birtaniya. Birnin Roma kansa wata duniya ce daban, a zamanin Agustus ana ƙiyasin mutanensa sun kai miliyan 1, kuma gonakin kewayensa ba za su iya ciyar da su ba. Wani ɗan siyasa mai suna Gayus Gracchus ya fara sa gwamnati ta sayar da alkama da rangwame a 123 kafin Miladiyya, a 58 kafin Miladiyya wani ɗan siyasar, Clodius, ya mai da ita kyauta, masu karɓa suka yi ta ƙaruwa har 320,000, Kaisar ya tace sunayen ya rage zuwa 150,000, a zamanin Agustus aka tsaya wajen 200,000. Kowa mudu 5 irin nasu a wata, kusan kilo 33. Zai riƙe mutum ɗaya amma ba zai riƙe iyali ba, kuma maza 'yan ƙasa da ke cikin rajista kawai ake ba, bawa da baƙo ba su ciki. Saboda haka zancen da ake yawan yi cewa talakan Roma yana kwance gwamnati na ciyar da shi yana kallon wasa, ba haka ba ne, dole ya fita dako ko gini ko talla. Alkamar kuwa yawancinta daga nahiyarmu take, Masar da ƙasashen da yau ake kira Tunisiya da Aljeriya, jirage su kawo ta tashar Ostia da Portus a sauke a ƙananan jirage a ja su a kogin Tiber zuwa cikin gari. In iska ta hana jirage zuwa, sarki kansa ba ya barci.

A gefen kogin nan akwai wani tudu da ake kira Monte Testaccio, tsayinsa kusan mita 35, kuma ba ƙasa ba ce, kasko ne zalla. Fasassun tulunan man zaitun ne, ana ƙiyasin sun kai miliyan 53, yawanci daga kudancin Sifaniya, wasu daga Arewacin Afirka. Mai yana shiga jikin tulu ya yi ɗoyi, ba a iya sake amfani da shi, sai a fasa a jera a barbaɗa farar ƙasa don wari. A jikin tulunan an rubuta nauyin tulu ba komai, nauyin man, sunan ɗan kasuwa, da alamar jami'in da ya duba. Kai, jujin gari ya zama rumbun rasit.

Wurin kwana kuma gidajen bene ne na haya, shaguna a ƙasa, mai ɗan hali a hawa na farko, iya talaucinka iya nisan da za ka hau, don sama ba ruwa, ba banɗaki, in gobara ta tashi kai ne na ƙarshen sani. Agustus ya iyakance tsayin gini a ƙafa 70, ya kuma kafa 'yan kwana-kwana a shekara ta 6 Miladiyya, duk da haka gobarar shekara ta 64 ta zamanin sarki Nero ta cinye kaso mai yawa na birnin. An hana amalanke shiga gari da rana sai da dare, don haka dare ma hayaniya ce. Da asuba kuma ƙofar gidan kowane babban mutum cike take da yaransa da suka zo gaisuwa, a ba su ɗan abin cefane, su raka shi dandali don a ga yana da jama'a.

Ruwa shi ne abin da ake yaba musu, kuma sun cancanta. Hanyar ruwa ta farko zuwa Roma an gina ta a 312 kafin Miladiyya, daga baya suka kai 11. Dogayen gadojin da kake gani a hoto ɗan yanki ne kawai, mafi yawan tafiyar a ƙarƙashin ƙasa take, ba inji, gangara ce kawai aka auna. Ruwan yana zuba dare da rana a famfunan unguwa, nan talaka ke ɗiba, jawo shi cikin gida sai mai izini. Frontinus da aka naɗa shugaban hukumar ruwa a 97 ya rubuta yadda ya tarar ana huda bututu ana satar ruwa da haɗin bakin ma'aikata. Gidan wanka kuwa kusan kowa na zuwa don kuɗin shiga ƙaramin tsabar da ya fi kowanne ƙanƙanta ne, a shafa mai a kankare da wani lanƙwasasshen ƙarfe, a yi hira a ƙulla ciniki. Amma kar marmara ta ruɗe ka, binciken da aka yi a tsofaffin masai ya nuna tsutsar ciki ba ta ragu ba a zamaninsu. Masu wanki da fitsari suke wanke tufafi, har sarki Vespasian ya sa masa haraji, da ɗansa Titus ya nuna ƙyama sai ya kai masa tsabar kuɗi hanci ya ce ko yana jin wari.

In muryar mutanen kake son ji, wurare biyu ne. Na farko Vindolanda, wani barikin soja a arewacin Ingila. A 1973 aka fara tono 'yan siraran alluna na itace masu rubutun tawada, laka mai danshi ce ta adana su tun wajen shekara ta 100. Sojojin ma ba 'yan Italiya ba ne, daga yankin Holan da Beljiyam na yau aka kwaso su. Wani an aiko masa da safa da takalma da kamfai. Wani ƙaramin hafsa mai suna Masclus ya rubuta wa ogansa yana neman umarnin gobe, a ƙarshe ya ƙara da cewa yara fa ba su da giya a taimaka a aiko. Wani rahoto ya nuna bataliya mai mutum 752 amma 296 ne kawai ke bariki, a cikinsu ma 31 ba lafiya, 10 ciwon ido ke damunsu. Sai wasiƙar Claudia Severa, matar wani kwamanda, tana gayyatar ƙawarta Lepidina bikin zagayowar ranar haihuwarta, magatakarda ya rubuta saman, ita kuma ta ƙara gaisuwa a ƙasa da hannunta, kuma wannan yana cikin rubutun hannun mace mafi daɗewa da aka samu da Latin.

Na biyu jujin wani gari a Masar, Oxyrhynchus, wanda yau ake kira Bahnasa. Rashin ruwan sama ya sa takardun da aka zubar ba su ruɓe ba, tun ƙarshen ƙarni na 19 ake kwasa, har yau ba a gama karantawa ba. Rasit ɗin haraji, yarjejeniyar aure, ƙarar maƙwabci, takardar koyon sana'a. Akwai yaro Theon da ya rubuta wa babansa cikin fushi don bai tafi da shi Iskandariya ba, wai in ba a aiko an ɗauke shi ba ba zai ci ba ba zai sha ba. Akwai kuma Hilarion, ɗan ci-rani a Iskandariya a shekara ta 1 kafin Miladiyya, ya rubuta wa matarsa Alis cewa da an biya shi zai aiko, ta kula da yaro, ta yaya zai manta da ita, sannan a tsakiyar wannan soyayyar ya ce in an haihu namiji ne a bar shi, in mace ce a jefar. Duk a takarda ɗaya. Wanda ya karanta wannan ba zai ƙara cewa Rumawa kamar mu suke ba, ba kuma zai ce dodanni ne ba.

Bayi ba za ka kauce musu ba don su ke niƙa, su ke noma manyan gonaki, su ke haƙar ma'adinai, wasu kuma su ne malamai da akawu da likitoci. Ba launin fata ake bi ba, yaƙi ne da haihuwa da fatauci. A shekara ta 61 wani bawa ya kashe ubangidansa Pedanius Secundus, babban jami'in birnin Roma, doka ta ce a kashe duk bayin gidan, su 400 ne, talakawan gari suka fito zanga-zanga, Nero ya jera sojoji a hanya aka zartar. A ɗaya gefen kuma Rumawa suna 'yanta bayi da yawa, kuma wanda aka 'yanta bisa ƙa'ida yakan zama ɗan ƙasa, shi ya sa kaburburan birnin Roma cike suke da sunayen 'yantattun bayi suna alfahari da sana'arsu. Kaburburan nan su ne kuma za su nuna maka yawan mutuwar yara, masana na ƙiyasin kusan rabin waɗanda aka haifa ba sa kai shekara 10.

Wanda ya fi kowa ɓacewa shi ne manomi, alhali su ne mafi yawan jama'a nesa ba kusa ba. Ba ya rubutu, bukkarsa ba ta bar kufai ba. Shi ya sa wani dutsen kabari da aka samu a Maktar ta Tunisiya yake da daraja, mutumin ya ce an haife shi a gidan da ba komai, ya yi kaka 12 yana yankan alkama a gonakin mutane cikin rana, ya yi shekara 11 yana shugaban 'yan ƙwadago, ya sayi gida da gona har ya zauna a majalisar garinsu. Amma ka lura shi ma don ya yi arziki ne muka ji shi, dubban da suka yi yankan tare da shi shiru. Tunda mun zo Afirka, ka sani Leptis Magna a Libiya da Timgad a Aljeriya da El Jem a Tunisiya garuruwan Rumawa ne sosai, sarki Septimius Severus da ya yi mulki daga 193 zuwa 211 ɗan Leptis ne. Ikonsu ya tsaya a bakin Sahara, amma hajarsu ta wuce, an samu tulunansu da gilasansu a kaburburan Garamantes, mutanen da suka zauna a Fezzan ta kudancin Libiya.

Zancen masu faɗa a fili da 'yan fim suka fi so ba zan ɓata maka lokaci a kai ba. An yi, an zubar da jini, amma ba kullum ba ne kuma ba kowane karo ake mutuwa ba don horar da mutum ɗaya kuɗi ne. Tseren keken doki ya fi shi jama'a, filin Colosseum da aka buɗe a 80 yana ɗaukar wajen 50,000, filin tsere na Circus Maximus ya ninka haka kusan sau uku.

Shawarata ta aiki, ka samu taƙaitaccen littafi ɗaya na tarihin Roma ka karance shi don ka san gaba da baya, kar ka tsaya hadda. Daga nan ka zaɓi abu ɗaya, burodi ko ruwa ko haya ko albashin soja, ka bi shi daga tushe har bakin mai ci, sarakunan da kansu za su riƙa shigowa inda suka dace kuma a lokacin ne za su zauna maka a kai. Allunan Vindolanda suna intanet kyauta da hoto da fassarar Turanci, hotunan gidajen Pompeii ma haka. Kowace hujja ka gani ka tambayi wa ya rubuta, a ina, yaushe, wa yake so ya karanta. In ka ga farashi ka duba shekararsa, don dokar farashin sarki Diocletian ta 301 ta sa lebura a gona dinariyus 25 a rana, alhali a zamanin Agustus dinariyus 225 albashin soja ne na shekara guda cur, ba arziki aka yi ba, kuɗin ne ya lalace.

Latin kuwa ba dole ba ne a farko, kusan duk abin da na ambata an fassara shi. In ka ga abin ya kama ka sosai toh ka fara da rubutun kaburbura, gajeru ne kuma tsarinsu kusan ɗaya, suna, sana'a, shekarun da ya yi, wanda ya gina masa, cikin 'yan watanni za ka fara karantawa da kanka. In kuma Masar ce ta ja hankalinka, Girkanci za ka nema ba Latin ba, don takardun Bahnasa yawancinsu da shi aka rubuta.